Ranar da Na Kira Yayanku

Zainab da Usman, na san kun ji abin da gwaggonku Asabe ta faɗa a waya daga Kumasi, cewa Ingila ta cinye mini kunya. Na kuma san abin da ku kanku kuka daɗe kuna zato, cewa ban taɓa ƙaunar yayanku yadda nake ƙaunarku ba. Daga ita har ku babu wanda ya canka daidai. Shi ya sa na zauna in rubuta yadda abin ya kasance, tunda Allah ya ara mini kwana har hannuna ya saba da biro. Rubutuna a hankali yake tafiya, ku ma ku karanta a hankali.

Ni ɗan fari ne. A gidanmu na zangon Hausawa a Kumasi, mahaifina, Allah ya jiƙansa, bai taɓa kiran sunana ba har ya koma ga Mahaliccinsa. In yana nemana sai ya tambayi wanda ke kusa, "Ina yaron nan?" In ya sayo mini takalmin Sallah, kakata yake ba, ita ta miƙo mini. Fataucin goro yake yi, kuma da safe nakan bi shi kasuwa ɗauke da ganyen da ake rufe goro da shi, shi a gaba ni a baya, ba ya waiwaye, ba ya magana. Ban taɓa kwana da wannan a raina ba. A gidan akwai kakata, akwai gwaggonni, akwai ƙannen uba da matan 'yan haya, kowa na kiran Sani daga safe har yamma, wasu don aike, wasu don tsokana. Kuma kowa ya san ma'anar shirun. Kakata takan ce mini abin da ya yi wa zuciya nauyi harshe ba ya iya ɗaga shi.

Da aka haifi yayanku a Manchester na sa masa sunan mahaifina, wanda bai daɗe da rasuwa ba. Kun ga bakina ya sami makulli biyu ke nan: ɗan fari ne, kuma sunan ubana gare shi. Mahaifiyarku ma ta fara da kunyar, amma ba ta yi nisa ba. A wajen likita sai an faɗi sunan yaro, a makaranta sai an faɗa, a ofishin council, wato ƙaramar hukuma, sai an faɗa, kuma ita ce mai zuwa duk wuraren nan. Ni share ofisoshi nake yi a bakin ruwa a Salford, kuma in an miƙo mini takarda ban san samanta da ƙasanta ba, don allo na yi, ban yi boko ba. Ta gaji ta saki. Ni na riƙe. Da aka haife ki, Zainab, mutanen masallaci suka fara ce mini Baban Zainab, na kuma amsa da sauri domin ya sauƙaƙa mini. Abin da aka yi mini shi na yi, da irin zuciyar da aka yi mini shi. Duk lokacin sanyi ni nake sayo rigar sanyinsa, in ba uwarsa ta ba shi. Ranar da ya sami gurbi a jami'a a Birmingham na yi azumin godiya, ban gaya wa kowa ba.

Kuna nan ranar babbar Sallar da abin ya fashe, sai dai kai Usman kana ƙarami. Muna da baƙi a gidanmu na unguwar Whalley Range, wani likita mutumin Kano da iyalinsa. Yayanku ya zo da albishir: ya gama karatu, an ɗauke shi aiki a wani ƙaramin gidan ajiye zanen hannu a Birmingham, shi zai riƙa yi wa masu ziyara bayani. Likita ya tashi ya rungume shi. Mahaifiyarku ta yi guɗa ƙasa-ƙasa saboda maƙwabta. Ni kuwa farin ciki ya cika ni har na rasa inda zan sa idona, ga kuma baƙi. Sai na dubi kwanon nama na ce, "Zainab, ƙara wa Dakta."

Yayanku ya ajiye cokali. Da Turanci ya yi maganar, irin Turancinku na 'yan Manchester, amma babu kalmar da ta wuce ni.

"Baba, kira sunana."

Kowa ya zuba mini ido.

"Ai ka san shi. Kai ka zaɓe shi. Kira."

"Haba ɗana," in ji likita, "al'ada ce. Mu ma a Kano haka iyayenmu suka yi mana."

"Dakta, please. Da babana nake."

Na so in yi magana. Amma a gaban baƙo, a gaban uwarsa, ɗan fari ya tsare ni da ido yana so in furta sunan ubana kamar ina kiran sa'ana? Na sunkuyar da kai. Ya ɗauki jakarsa, ya sumbaci uwarsa a goshi, ya fita. Sallah ta sake zagayowa bai zo ba. Yakan kira uwarsa, yakan kira ku, in an ce ga Baba sai ya ce aiki ya taso.

A tsakanin nan ne na shiga makarantar manya ta council. An canja mana tsarin aiki, komai ya koma cikin waya, sai mutum ya karanta kafin ya san benen da zai share. Malamarmu Helen mace ce mai haƙuri, ba ta ɗaga murya ko ka maimaita kuskure ɗaya har ta haddace shi. Abokin zamana wani dattijon Bature ne mai suna Terry, wanda ya ƙare ƙuruciyarsa a aikin gini bai iya karanta sunan titinsu ba. Kafin in sadu da shi ban san akwai Baturen da bai iya karatu ba. Shi kuma ya ce bai taɓa ganin mutumin da zai zauna a kan kalma ɗaya har shayinsa ya huce bai yi zagi ba. Haka muka yi ta rarrafe tare, harafi bayan harafi.

Da sanyi ya fara sassautawa, Malama Helen ta ce za ta kai mu Birmingham mu kalli zane-zane, kowa ya dawo ya rubuta layi biyu a kan abin da ya gani. Na kawo takardar gida. Mahaifiyarku tana yankan kuɓewa, ta leƙa ta kafaɗata, sai wuƙar ta tsaya.

"Malam, ka san inda za a kai ku?"

"Gidan hotuna aka ce."

"Wajen aikinsa ne."

 Sai na ce, "To ba zan je ba. Kada in kunyata shi a gaban abokan aikinsa. Uba da furfura a cikin 'yan koyon baƙaƙe."

"Ba wannan ne zai kunyata shi ba." Ta ci gaba da yanka. "Kai da aka yi maka shiru, gida guda ke kiran sunanka a madadin babanka. Kakarka tana nan tana fassara maka shirun. Shi wa ya fassara masa? Ɗaki biyu ne, da mu, da talabijin. Ka ɗauko al'adar ka baro gidan da ke riƙe da ita a Kumasi."

"Sunan Baba ne, Rabi."

"Baba ya tafi, Allah ya haskaka kabarinsa. Wannan yana Birmingham, da ransa."

Ranar tafiya na tashi na goge shaddata fara, na ɗora kwat a kai. A tashar jirgin ƙasa Terry ya kalle ni sama da ƙasa ya tambaye ni ko ni ne ango. A cikin jirgin kowa na hira, ni ina kallon gonaki da tumaki ta taga. Ban shirya abin da zan faɗa ba. Na dai ce wa kaina zan gan shi, in ga ko yana cin abinci.

Gidan ba shi da girma. Tsohon gini ne mai ɗakuna kaɗan, daɓensa na katako ne, yana ƙara in an taka, shi ya sa kowa ke tafiya kamar a gidan marar lafiya. Ban taɓa shiga wurin da mutane suke da yawa haka ba tare da hayaniya ba sai masallaci. Muna tsaye a bakin ɗaki na farko sai wata ƙofa ta buɗe, ya fito. Ya rame kaɗan, ya ajiye gemu. A wuyansa akwai kati mai ɗauke da sunansa, kuma a karon farko a rayuwata na ga sunan a rubuce da boko na gane shi. Ya gan ni. Ƙafarsa ta tsaya na ɗan lokaci, sannan ya ƙaraso da murmushin aiki. Ya gaishe mu, ya bi mu ɗaya bayan ɗaya yana tambayar sunan kowa. Da ya iso kaina bai tsallake ni ba.

"Sunanka fa, yallaɓai?"

"Sani."

"Barka da zuwa, Mista Sani."

Ya wuce wurin na gaba. Babu wanda ya lura da komai. Ni kaɗai na san abin da aka miƙo mini, kuma na karɓa.

Ya ce yawancin masu zanen Faransawa ne, sun mutu da daɗewa, kuma a zamaninsu dariya ake musu ana cewa ba su iya gama hoto ba. Sukan fita waje su zana da sauri kafin hasken rana ya canja. Na matsa kusa da wani zane, ban ga komai ba sai ɗige-ɗigen fenti, shuɗi kan kore, kamar bangon da mai fenti ya goge burushinsa. Ya ce wa ajin su ja da baya. Na ja tare da su, sai ga kogi, ga kwale-kwale, ga rana ta faɗo cikin ruwa ta farfashe. Na sake matsawa, kogin ya ɓace. Akwai wata mace da lema a cikin ciyawa, iska na jan rigarta. Akwai tashar jirgi cike da hayaƙi, har na ji kamar zan yi tari. A ɗaki na biyu zane-zanen sun fi sabunta, kuma sun fi ƙarfina: wani murabba'ai ne kawai ja da rawaya, wani kuma mace ce da idanunta biyu a gefe ɗaya na fuska, hancinta kamar gatari.

"Surukata ce wannan," in ji Terry. "Ban san ta ƙaura Birmingham ba."

Aji ya yi dariya ƙasa-ƙasa. Yayanku ma ya murmusa, da gefe ɗaya na baki. A nan na daina kallon bango na koma kallonsa. Yana magana yana juya tafin hannu a hankali, kamar yana nuna wa mai saye kyan goro. Bai taɓa ganin kakansa ba, amma ga hannun. Mutane na tambayarsa yana amsawa ba tare da ya sa kowa ya ji ƙanƙanci ba. Wata Basomaliya 'yar ajinmu ta tambaye shi abu ɗaya sau biyu, ya amsa mata sau biyu kamar bai taɓa jin tambayar ba. Na so a ce akwai wanda zan taɓa in ce masa wancan nawa ne.

A ɗaki na ƙarshe ya tsayar da mu gaban wani ƙaramin zane. Hanya ce ta ratsa gonar alkama da yamma, sama ta yi ja-ja. Wani mutum yana tafe a gaba da hula da sanda, wani yaro yana biye da shi da tazara, da ƙunshi a kafaɗa. Ba a zana musu fuska ba, ɗigon fenti ne kawai. Yayanku ya ce a nan ba zai yi bayani ba, mu ne za mu gaya masa abin da muka gani.

Terry ya ce, "Mutumin ya manta da yaron. Mashaya ya nufa."

Basomaliyar ta ce wataƙila faɗa suka yi. Wani ya ce ba ma ɗansa ba ne, yaron aikinsa ne. Malama Helen ta juyo ta ce, "Sani, kai fa? Yau ba mu ji muryarka ba."

Na fara da Turancina, ya ƙare mini a hanya, sai na ƙarasa da Hausa. Zanen nake kallo, ba kowa ba.

"Ɗansa ne. Ya san yana bayansa, yana jin takunsa. Ku dubi ƙafar mutumin, bai buɗe taku ba. Mai tafiya shi kaɗai ba haka yake taku ba, ya rage sauri ne saboda yaron. Ba ya waiwaye domin in ya waiwaya duk wanda ke kan hanya zai ga abin da ke fuskarsa."

Ajin yana jiran fassara. Yayanku bai fassara ba. Shi ma zanen yake kallo. Da ya yi magana da Hausa ya yi, Hausarsa mai tuntuɓe wadda na daɗe ban ji ba.

"Yaron bai san haka ba. Baya kawai yake gani."

Sai ya koma Turanci. Ya gode wa ajin, ya ce abokiyar aikinsa za ta raka mu wurin shan shayi, shi yana da wani aiki a ciki.  Ya juya ya nufi ƙofar ma'aikata da ke can ƙarshen ɗakin, ya ɗaga katin wuyansa zai buɗe ta.

Ina so ku gane abin da ke gabana a lokacin, domin a nan gwaggonku take ganin na faɗi. Ƙofar nan ba ta baƙi ba ce, in ta rufe ba ni da ikon binsa. Da na ce "kai" ba zai juyo ba, ya ji "kai" har ya girma. Babu uwarsa a wurin da zan ce ta tsayar da shi, babu Zainab da zan aika. Abu ɗaya ya rage mini, kuma na san farashinsa. Sunan nan ban taɓa ɗora shi a harshena ba, ko mahaifina yana raye ko bayan ransa. Ko a addu'a "mahaifina" nake cewa. Shi ne abin da ya rage mini na ladabin da na yi masa, tunda ban sami yi masa wanka ba, ban sa shi a kabari ba, ina nan ina share ofisoshin Salford aka binne shi. Na ga bayan yayanku, da wuyan rigarsa, da hannunsa a kan ƙofa.

"Idrisu."

Muryar ta fi yadda na yi niyya ƙarfi, domin ban san yawan muryar da sunan yake buƙata ba. Ta bugi bangon ɗakin ta dawo mini. Mutane suka juyo. Wata mai gadi da ke zaune a kusurwa ta miƙe tsaye.

Ba zan ɓoye muku ba, da sunan ya fita ba sauƙi na ji ba. Ji na yi kamar na ƙwala wa mahaifina kira a tsakiyar kasuwa, a gaban abokan cinikinsa.  Gwaggonku ba ta yi ƙarya gaba ɗaya ba: wani abu da kakanninmu suka riƙe hannu bayan hannu ya yanke ranar, kuma a hannuna ya yanke. Har yau in na tuna nakan nemi gafarar Baba. Amma ba Ingila ce ta ƙwace ba. Ni na miƙa, ido buɗe, kuma na san abin da na saya da shi.

Ya tsaya da hannunsa a kan ƙofar. Bai juyo nan da nan ba. Na ga kafaɗunsa sun ɗaga sun sauka. Sannan ya juyo.

"Na'am, Baba."

Akwai dogon benci a tsakiyar ɗakin, na lallaɓa na zauna. Malama Helen ta dube ni, ta dube shi, sai ta kama hannun rigar Terry, wanda ya buɗe baki zai yi magana, ta ja ajin waje. Katakon daɓen ya yi ta ƙara har suka fice. Yayanku ya tako ya tsaya a gabana, hannuwansa a baya, ya ɗan rusuna, yadda ya ga 'ya'yan masallaci suna yi in iyayensu sun kira su. Jira yake a aike shi. Ni kuwa ba ni da aike. Ban taɓa tunanin abin da ake faɗa bayan an kira suna ba.

"Me zan yi maka, Baba?"

"Ba komai."

"Ba ka da lafiya ne? In kawo ruwa?"

"Lafiyata ƙalau. Kiranka kawai na yi."

Ya daɗe a tsaye. Sannan ya cire katin daga wuyansa ya sa a aljihu, ya zauna a kan bencin kusa da ni, kafaɗarsa ta kusa taɓa tawa. Ban dube shi ba, shi ma bai dube ni ba. Mai gadin ta koma kujerarta.

"To, Baba," ya ce. "Na ji."